Tsallaken Kogin Kaduna: Bashin Rabin Kwale-kwale

Idan kina zaune a Kaduna, ina so in tambaye ki: yaushe rabonki da tsallake kogi? Ba wai ki wuce a mota da gilashi a rufe kina kan hanyar Abuja ba, a'a, ki sauka, ki taka ƙasa, ki shiga gidan wani ki sha ruwa. Na yi wa mata da dama wannan tambayar a unguwarmu. Wata ta ce rabonta tun tana budurwa, wata kuma ta ce 'ya'yanta ba su taɓa zuwa ba, kuma ba ta ga abin da zai kai su ba.

Ni kullum sai na tsallaka, domin a Tudun Wada nake zaune, asibitin da nake aikin jinya kuma yana kudancin kogi. Zo ki raka ni yau, akwai wani dattijo da nake so ki sani.

Daga shataletalen filin wasa na Ahmadu Bello, tafiya kaɗan ce za ta kai ki kan gada. Ki leƙa ƙasa. Idan rani ne za ki ga duwatsu sun fito baƙi ƙirin kamar bayan kada, ruwan ya rabu ƙananan hanyoyi, masu wanki sun shanya kaya a kan dutse, masu lambu sun bi gaɓa da alayyafo da latas. Idan kuwa watan Agusta ne, ruwan ja ne, ya cika ya tumbatsa, yana tafe da itatuwa da robobi. Daga tsaunukan Filato ya taso, ya ratsa garin nan, ya wuce madatsar Shiroro, ya je ya faɗa kogin Kwara a ƙasar Nufe, tafiyar kilomita kusan 550. An ce daga kadojin da ke cikinsa garin ya samo suna, ko da yake Gbagyi, waɗanda Turawa suka tarar a nan, suna da nasu bayanin daga harshensu.

Kina sauka daga gadar kin shiga wata Kadunar. Ga tsohuwar tashar jirgin ƙasa, inda layin dogon da ya taso daga Fatakwal ya haɗu da na Legas zuwa Kano. Gaba kuma Makera da Kakuri da Barnawa, sai Narayi da Television da Sabon Tasha, ta ɗaya ɓangaren kuma Nasarawa da Kudenda. Gidan gwamna da manyan ofisoshi suna arewa tun da Turawa suka dawo da hedikwata daga Zungeru a 1917. Kudu kuwa ita ce wurin zufa. A Kakuri aka buɗe masaƙar KTL a 1957, zamanin Sardauna, wasu manyan masaƙu irin su UNTL da Arewa suka biyo baya a shekarun 1960, kamfanin haɗa motocin Peugeot ya fara aiki a 1975. Idan jiniyar canjin aiki ta kaɗa, dubban kekuna ne ke cika titi. Bahaushe da Bajju da Tibi da Nufe da Ibo da Bayarabe, ƙurar auduga ɗaya suke shaƙa, gidan haya ɗaya suke komawa, famfo ɗaya matansu ke yi wa layi.

A irin wannan gidan hayar aka haife ni, a Nasarawa, ba nisa da bakin ruwa. Babanmu ma'aikacin ɗaya daga cikin masaƙun ne. Babban amininsa kuwa wani mutumin Gbagyi ne, Kirista, manomi da damina, masunci kullum. Mu yara Baban Kogi muke ce masa, matarsa kuma Mama. Kwale-kwale ɗaya suka haɗa kuɗi suka saya. Babanmu ya sa kwasar adashinsa, Baban Kogi ya sayar da dawarsa. Shi ke shiga ruwa, ya kafa kalli da yamma, ya kwashe da asuba, wani lokaci ya jefa birgi. Abin da aka samu na tarwaɗa da karfasa da kurungu sai a kasa uku: kaso ɗaya na gidansa, ɗaya na gidanmu, ɗaya na jirgi, wato na gyara da sayen zare. Ban taɓa jin sun rubuta komai a takarda ba. Ranar Lahadi idan ya tafi coci, babanmu ke zaman gadin kifin da ke kan banda. Da azumi kuwa, kafin a kira magariba Mama ta aiko da mafi girman kifin ranar.

Kafin in ci gaba, bari in gaya miki abin da ya tono mini wannan labarin, don zai ba ki mamaki. Wani fim ne na Turawa, kuma ba da Turanci aka yi shi ba.

Ina da ƙawa da muka yi makarantar koyon jinya tare, 'yar Sabon Tasha, yanzu tana aiki a ƙasar Ayalan, tsibirin nan da ke yamma da Ingila. Ita ta dame ni a WhatsApp cewa lallai in nemi wani fim mai suna Arracht, wanda ya fito a 2019, Tom Sullivan ya ba da umarni. Da harshen asali na mutanen ƙasar aka yi shi, harshen da Turanci ya kusa cinyewa, sai a wasu ƙauyukan bakin teku na yamma ake jin sa a bakin kowa. Ma'anar sunan fim ɗin ita ce dodo. Na kalle shi a waya cikin dare uku, ina bin rubutun da ke ƙasa.

Kin san dankalin Turawan nan da muke saye a kasuwa muna ce masa Arish? To daga sunan mutanen ƙasar ne. Shi ne tuwonsu, shi ne kokonsu. A 1845 wata cuta ta faɗa masa yana ruɓewa a gona, aka shiga yunwar da ta kashe mutum kusan miliyan ɗaya cikin 'yan shekaru, wani miliyan ɗin ya bar ƙasar. Za ki ce ga teku, me ya hana su cin kifi? Jiragensu ƙanana ne, ƙashin itace ne aka lulluɓe da fata ko tamfol mai kwalta, ba sa iya shiga teku idan hunturu ya haukace, kuma masunta da yawa sun jinginar da tarunansu don su sayi abinci ko su biya kuɗin hayar ƙasa.

Fim ɗin labarin wani masunci ne a yankin Konamara, sunansa Colmán. Limamin cocinsu ya roƙe shi ya karɓi wani baƙo, ya karɓe shi da hannu biyu, ya sa shi cikin jirginsa. Wannan baƙon ne ya jawo zubar da jini a gidan mai ƙasar da suke haya, laifin ya faɗa kan Colmán. Ya rasa iyalinsa, ya koma ɓuya a kogon dutse a bakin teku, ba shi da abin da ya rage sai jiran mutuwa. Sai ya tsinci wata yarinya marainiya tana fama da zazzaɓi. Ba 'yarsa ba ce, ba danginsa ba. Ya ɗauke ta, ya yi jinyarta, ya koya mata neman abinci a ruwa. Da na ga ya ɗaga yarinyar nan ya sa a jirgi, sai na kife wayar a kan tebur. Na san wannan hannun. An taɓa ɗaga ni haka.

Ranar Litinin 21 ga Fabrairun 2000 rikicin Shari'a ya ɓarke a Kaduna. Ina da shekara goma. Ba zan ba ki labarin abin da idona ya gani ba, wadda ta gani ta sani, wadda ba ta gani ba Allah ya sa kada ta gani. Sama da mutum dubu suka mutu a wannan rikicin da wanda ya biyo baya a watan Mayu, Musulmi da Kirista, kowane ɓangare ya binne nasa. Abin da zan gaya miki shi ne, da yammacin Talata Baban Kogi ya shigo gidanmu ta baya, ya ce wa babanmu, "Malam, kwashe su mu tafi. Kada a ɗauki komai." Ya kai mu wata 'yar bukka da yake ajiye taru a bayan wurin bandarsa, mu bakwai har da kakarmu da jaririn da mamanmu ke goyo. Mama ta kawo ruwa da dafaffiyar doya, ta zauna a bakin ƙofa tana gyaran kifi kamar babu komai a ciki.

Gada ba ta biyuwa. Saura ruwa. Watan Fabrairu ne, kogin ya ja baya, amma tsakiyarsa akwai zurfin da ya fi ƙarfin yaro da tsohuwa, ga duwatsu a ɓoye da za su iya fasa jirgi cikin duhu. Shi ya san kowane dutse kamar yadda kika san tukwanen kicin ɗinki. Can cikin dare ya fara da mu yara da mamanmu. A cikin laka takalmina ɗaya ya cire, sabon takalmin Sallah, na fara kuka. Ya ɗaga ni cak ya sa a jirgi, ya ce a kunnena, "Yi shiru 'yata, kifi na barci. Gobe zan nemo miki." Ya koma ya ɗauko babanmu da kaka.

Da muka isa gidan gwaggonmu a Tudun Wada, sai muka tarar ita ma tana da nata baƙin a ƙuryar ɗaki: wata tela Kirista da ke haya a layinsu, da 'ya'yanta biyu, an lulluɓe su da hijabai. Babanmu bai ko zauna ba. Ya tasa su gaba zuwa bakin ruwa, inda Baban Kogi yake shirin juyawa. Jirgin nan bai koma fanko ba.

Gari ya fara wayewa lokacin da ya isa gaɓarsu. Wasu samari sun gan shi. Sun bar matar da yaranta sun wuce, shi kuwa suka tambaye shi su wa ya kai tsallake. Bai ba su amsa ba. Suka doke shi a kafaɗa da gora, suka jawo kwale-kwalen kan tudu suka cinna masa wuta, har da tarunan. Yaran unguwarsu ne, wasunsu ya san iyayensu. An yi watanni wasu maƙwabta ba sa sayen kifin Mama.

Mu ba mu sake komawa Nasarawa da zama ba. Haka dubban iyalai suka yi ta musayar gidaje, musamman bayan rikicin Nuwamban 2002, Musulmi suna komawa arewa, Kiristoci suna komawa kudu, har aka riƙa yi wa ɓangarorin laƙabi da Makka da Kudus. Ba wai an rabu tas ba ne, har gobe akwai masallatai cike a Kakuri da Makera da Nasarawa da Barnawa, akwai coci-coci a arewa. Amma kogin da a da wurin wanki ne da su, ya zama iyaka a cikin zukata. A daidai wannan lokacin kuma masaƙu suka fara mutuwa. KTL ta rufe a 2002, sauran suka bi ɗaya bayan ɗaya. Wurin da ya fi haɗa mutanen gari kafaɗa da kafaɗa ya zama kango, ciyawa ta fito a bakin ƙofa.

Babanmu bai yanke zumunci ba. Duk ƙarshen wata yakan hau keke ya tsallaka, ko bayan da aikinsa ya tafi. Amma da Allah ya yi masa rasuwa, mu 'ya'yansa muka yi sakaci. Wannan ita ce gaskiyar da ke ba ni kunya. Baban Kogi ya zo gaisuwa, ya zauna a kan tabarma kwana uku tare da mazan gidanmu, muka yi godiya, shi ke nan. Karatu, aure, haihuwa. Na fara aiki a kudancin kogi, ina wucewa kusa da unguwarsa kullum, ina cewa wata rana. An ce zumunta a ƙafa take, ni kuwa ƙafata tana zuwa har bakin layinsu ta wuce.

Bara da damina aka kwantar da wani tsoho a ɗakin maza, ciwon suga ya ɓata masa ƙafa. Ina wanke masa gyambon yana ta kallona. Ya tambayi sunan babana, na faɗa. Ya yi shiru, can ya ce, "Ke ce mai takalmi?"

'Yar'uwa, na yi shekaru ina wannan aikin, na ga abubuwa da yawa ban zubar da hawaye ba. Ranar sai da wata abokiyar aikina ta karɓe ni ta ƙarasa ɗaurin.

Da na dawo na durƙusa a gefen gadon na ce, "Baba, ka yafe mana, mun yi laifi." Ya ce ba wannan ne ya dame shi ba. Abin da ya dame shi bashi ne. "Rabin jirgin nan na babanki ne. A hannuna ya ƙone. Na yi ta kai masa kuɗin yana mayar mini, har ya tafi ya bar ni da shi. Yanzu da Allah ya kawo ki, sai ki karɓa ki raba wa 'yan'uwanki, in huta." Mutumin da ya rasa sana'arsa da lafiyar kafaɗarsa saboda mu, shekara ashirin da wani abu yana ganin shi ne mai bashi a wuya. Da na gaya wa mamanmu, sai ta yi murmushi ta ce ai babanmu ma har ya rasu yana cewa akwai rabin jirgin Baban Kogi a kansa, tunda saboda iyalinsa aka ƙone shi. Ashe kowannensu ya ɗauki asarar ɗan'uwansa ya rubuta a kansa.

Ba na so ki ɗauka ina cewa tsoron da ke zuciyarki shirme ne. Ko a fim ɗin can, baƙon da aka yi wa alheri ne ya rusa gida. Uwa da ta taɓa gudu da goyo tana da hujjar yin taka-tsantsan. Abin da nake tsoro shi ne labarin da muke ba 'ya'yanmu rabi ne. Muna gaya musu wanda ya ƙone gidan kakansu, ba ma gaya musu wanda ya buɗe ƙofa. A can tsallake ma haka ake yi. Yaron da ya tashi da rabin labari, ranar da wani ya miƙa masa gora zai karɓa.

Kuma irin su Baban Kogi ba su da wuyar samu a garin nan, sai dai ba a yi musu fim ba. Waɗanda aka yi wa, duniya ta san su. Imam Muhammad Ashafa da Fasto James Wuye sun taɓa jagorantar samari masu gaba da juna. A rikicin 1992 Wuye ya rasa hannunsa na dama, Ashafa ya rasa malaminsa da 'yan'uwansa biyu. Sun haɗu a 1995, suka kafa cibiyar sasanci a nan Kaduna, kuma a 2006 aka fitar da fim a kansu mai suna The Imam and the Pastor. Yana da kyau ki nema ku kalla da yara. Amma kafin nan, ki tambayi mahaifiyarki ko surukarki: a shekarar 2000, wa ya ɓoye ku, ko wa kuka ɓoye? Zai yi wuya ki rasa suna. Ki tambaya ko yana raye.

Baban Kogi an sallame shi da ƙafarsa, sai dai yatsu biyu da aka cire. Ya daina shiga ruwa, ƙaramin ɗansa ne ya gaje shi. Ɗan ya ce kifi ya ragu ƙwarai, ga dattin gari da ke kwarara cikin kogin, ga leda da ke cika taru, shi ya sa rabin samarin bakin ruwa suka koma haƙar yashi. Amma har yanzu idan ambaliya ta zo, kamar ta 2003 da ta 2012, su ne ke fara isa da jiragensu kafin motar hukuma, kuma ba a taɓa jin sun tsaya tambayar sunan wanda ke kan rufin ɗaki ba.

Wata Asabar da ruwa ya ja baya na kwashi yarana uku muka je. Idan ke ma za ki kai naki, ga shawarar ma'aikaciyar jinya: ki bari sai bayan damina, kada ki sa yaro a kwale-kwale ba rigar kariya, kuma kada ki bar su su yi wanka a ruwan da ya kwanta, saboda tsargiya. Idan kin taɓa ganin jini a fitsarin yaron da ke wasa a rafi, ki kai shi asibiti, maganinta ƙwayoyi ne kuma tana warkewa. Ki tafi da 'yar tsaraba, ko sabulu ne da sukari, ki dawo da bandar tarwaɗa.

Mama ta tsufa, amma tana ganina ta kama haɓa ta kira sunan mamanmu. Baban Kogi ya sa aka fito masa da kujera ƙarƙashin mangwaro, ya ɗora autana a cinya yana nuna masa tsallake da sandarsa: ga inda muka shiga, ga dutsen da muka kauce wa, ga inda kakanka ya tsaya cikin ruwa har gwiwa yana riƙe da jirgi. Babbar 'yata, mai shekara goma, ta tambaye shi ko bai ji tsoro ba. Ya ce, "Na ji mana, jikata. Amma da wane ido zan kalli kakanki?"

Maganar bashi kuwa mun kashe ta. Ni da 'yan'uwana muka ce mun karɓa, amma mun mayar da kuɗin cikin jirgin ɗansa, muka cika aka sayi sabon kalli. Yanzu rabin jirgin namu ne kuma. Duk ƙarshen wata ana kasa kifi uku, kaso ɗaya yana tsallako gada a bayan babur zuwa gidan mamanmu a Tudun Wada.

Da za mu tafi na tsokane shi na ce, "Baba, saura takalmina da ka ce gobe." Ya yi dariya har da tari, ya ce ya nema washegari bai gani ba, wataƙila yanzu ya kai Shiroro.

Allah ya jiƙan iyayenmu da suka rigaye mu, ya saka wa duk wanda ya taɓa buɗe wa maƙwabcinsa ƙofa, ya zaunar da Kaduna lafiya, arewa da kudu. Amin.